Hayar Fuska: Abin da Ke Jiran 'Yar Karkara a Harkar Fim

A kusan kowace kasuwar ƙauye a ƙasar Kano da Jigawa, daga Gwarzo har Maigatari, akwai rumfar mai cajin waya da ke tura fim a memori. Yarinya ta gama tallan awara ko dafaffiyar gyaɗa, ta ba da 'yan canjinta a zuba mata sabon kashi na shirin da ake yayi, da daddare su biyar ko shida su haɗa kai a kan waya ɗaya. A nan sha'awar take tsirowa. Abin da take gani shi ne leshi, gidan bene, mota, da sunan jaruma yana fitowa da manyan baƙaƙe. Ba ta san sau da yawa leshin na aro ba ne, gidan an karɓo shi ne na yini biyu, ita kuma jarumar ba ta da ko kwabo a cikin fim ɗin bayan abin da aka miƙa mata ranar da aka tashi daga aiki.

Wanda yake son ya fahimci rayuwar 'yar fim daga nan ya kamata ya fara. Fuskarta da muryarta ake haya, fim ɗin na wani ne, kuma shekarun da kasuwa take neman wannan fuskar ƙididdigaggu ne. Wahalar masauki, rigimar sallama, abin da ke biyo bayan aure, da halin da wasu iyayenmu na fim suke shiga in girma ya zo, duk rassan wannan ne.

Mata sun daɗe a wasan kwaikwayon Hausa, tun zamanin diramar NTA da ta CTV67, gidan talabijin ɗin Kano da yanzu ake kira ARTV. Amma a lokacin labari da barkwanci ake kallo. Bayan ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a 1990 aka shiga zamanin kaset, zuwa ƙarshen shekarun 1990 kuma rawa da waƙa irin na fina-finan Indiya suka mamaye kasuwa. Daga nan ne fuskar budurwa ta zama haja. 'Yan kasuwar Ƙofar Wambai a Kano, waɗanda a lokacin su ne ke sayen fim su buga su rarraba, sukan dubi fosta kafin su tambayi labari, har su gaya wa furodusa wadda zai saka in yana son su karɓa. Wannan ya ɗaga wasu 'yan mata sama cikin 'yan watanni, ya kuma kafa ɗabi'ar da har yau ba ta mutu ba: da an ga sabuwar fuska, sai a juya wa ta jiya baya.

A gefe guda kuma ga idon jama'a. An kafa Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano a 2001, bayan ƙaddamar da shari'ar Musulunci. A 2007 wani hoton bidiyo na sirri na wata jaruma ya bazu daga waya zuwa waya. Ba fim ba ne, ba a lokeshan (wurin ɗaukar fim) aka ɗauke shi ba, amma masana'antar gaba ɗaya ce ta ɗanɗana kuɗarta: aka tsayar da ɗaukar fim na watanni, aka tsaurara ƙa'idoji a ƙarƙashin shugaban hukumar na lokacin, Malam Abubakar Rabo Abdulkarim, da yawa suka kwashe kayan aikinsu suka koma Kaduna da Jos. A 2016 gwamnatin tarayya ta shirya gina alƙaryar fim a Ƙofa, cikin ƙaramar hukumar Bebeji, malamai da jama'a suka yi ca a kai, aka janye. Uban da yake zaune a ƙauye yana jin waɗannan labarai a rediyo yana da dalilinsa in ya ce a'a. Shi ya sa in aka duba fitattun jarumai mata, za a ga da yawansu daga birane suka fito, Kaduna, Jos, Bauchi, wasu ma daga Nijar da Gabon. 'Yar ƙauyen Kano ko Jigawa tana kusa da masana'antar a tafiyar mota, amma ta fi kowa nisa da ita a wajen yardar gida.

Ƙofar shiga

Hanyar da ta dace ba ɓoyayya ba ce. Yarinya ta kai shekara 18, ta zo da mahaifi ko waliyyinta, a same ta da kamfanin da yake da rajista, kamfanin ya tsaya mata ta yi rajista da ƙungiyar jarumai da ke ƙarƙashin MOPPAN, uwar ƙungiyar masu sana'ar fim, sannan da Hukumar Tace Fina-finai. Yawancin ofisoshin kamfanonin suna Kano, musamman wajen titin Gidan Zu, kuma ana iya zuwa hukumar a tambaya ko kamfani kaza yana cikin littafinta. Tambayar ba ta cin ko sisi. Mutane ne ba sa yi.

Inda ake yin ɓarna shi ne wajen waliyyi. Yarinyar da ta san ba za a bar ta a gida ba sai ta gudo, a samo mata wani dattijo ko wata hajiya a birni a ce kawunta ne ko gwaggonta ce, a sa hannu. Tana ganin ta yi dabara, alhali ta sare reshen da take zaune a kai. Ranar da aka hana ta haƙƙinta, ko wani ya nemi ya ci mutuncinta, ba ta da wanda za ta kai wa kuka, domin waliyyin aro mutumin wanda ya kawo ta ne, kuma ita kanta tana tsoron maganar ta je gaban hukuma a gano ƙaryar. Masu mugun nufi sun san wannan sarai, kuma irin waɗannan 'yan matan suke nema.

Akwai alamomin da ba sa ƙarya. Wanda ya same ki a TikTok ko WhatsApp ya ce ki turo kuɗin fom ta asusun kansa, wanda ya ce gwajin jarumai a ɗakin otal za a yi ko bayan isha'i, wanda ya ce kada ki gaya wa kowa tukuna, wanda ya nemi hoton da ba za ki iya nuna wa mahaifiyarki ba: babu ɗaya daga cikinsu da fim ne a gabansa. Gwaji na gaskiya da rana ake yin sa, a ofis ko fili, mutane da yawa suna layi, a ba ki takarda ki karanta ko a ba ki yanayi ki kwaikwaya, kuma ba a hana ɗan rakiya zama.

Sai maganar kwana, wadda a ganinmu ta fi rajista muhimmanci, ko da yake ba a cika tattauna ta ba. Yarinyar da ta fito daga Ringim ko Rano ba za ta iya zuwa Kano kullum ta koma ba, aiki kuma yakan kai dare. In tana da 'yar uwa ta jini a birni, rabin matsalarta ya warware. In ba ta da ita, za ta faɗa ɗakin haya na taron 'yan mata ko gidan wata uwar ɗaki, inda wanda ya biya kuɗin haya shi ne mai faɗa a ji. Mafi yawan labaran da ke ɓata sunan 'yan fim ba a gaban kyamara suke faruwa ba. A watannin zaman jiran kira suke faruwa, lokacin da babu aiki, kuɗin ɗaki ya ƙare, komawa gida kuma ya zama abin kunya. Duk iyayen da suka amince 'yarsu ta shiga, su fara sanin ɗakin da za ta kwana da wanda ke biyan kuɗinsa kafin su tambayi sunan fim.

Masana'antar tana tafiya ne a kan tsarin ubangida. Sabuwar jaruma takan zama 'yar wani kamfani, ubangidan ya saka ta a fina-finansa, ya haɗa ta da abokan sana'arsa. Tsarin yana da amfani, domin a nan ake koyon aiki, kuma akwai iyayen gida na kirki da suka riƙe yaran mutane da amana. Illarsa ita ce komai da baki ake yi. Ba a rubuta shekara nawa za ta yi ba, ba a rubuta ko tana iya yi wa wani kamfani aiki ba. Ranar da ta fara tashe ta karɓi aikin wani, sai a ce ta yi butulci, kuma a masana'antar da kowa ya san kowa, wannan kalma ɗaya tana iya rufe mata ƙofofi goma.

Abin da ake yi a lokeshan

Mai kallo yana zaton fim daga farko ake ɗaukarsa zuwa ƙarshe. Ba haka ba ne. Ana tattara duk sin ɗin (wato fitowa-fitowar labarin) da ke faruwa a wuri ɗaya a ɗauke su tare, domin gidan da aka aro ba za a sake samunsa gobe ba. Jaruma tana iya yin sin ɗin mutuwar mijinta da hantsi, bayan azahar ta yi na ranar da ya fara zuwa zance. Wadda ba ta karanta labarin gaba ɗaya ba ba za ta san nauyin da za ta ba kowane ba, sai ta yi kuka iri ɗaya a ko'ina. A nan ƙarancin karatu yake kayar da 'yan karkara da yawa. Yanzu rubutun fim ta waya ake turo shi, kuma wadda ba ta iya karanta Hausar boko da sauri ba sai dai a riƙa faɗa mata tana maimaitawa. Ana iya lallaɓawa a haka a ƙaramin matsayi, amma babu daraktan da zai ɗora shiri mai kashi 13 a kan wadda sai an karanta mata. Wata shida na ajin yaƙi da jahilci ya fi mata amfani a kan akwatin kayan kwalliya.

Sin guda da zai ɗauki minti biyu a fuskar talabijin yana iya cin awa ɗaya ko biyu. Za a ɗauke shi daga nesa a ga ɗakin duka, a sake daga kusa a kan fuskarta, a sake a kan fuskar abokin maganarta, kuma kowane karo dole ta maimaita motsi iri ɗaya a kan kalma iri ɗaya. In ta ajiye kofi da hannun dama a ɗaukar nesa, ta ajiye da hagu a ta kusa, mai tace hoto ba zai iya haɗa su ba. Wannan shi ne aikin mai kwantiniti, amma jarumar da ta san kanta ba ta dogara da shi kaɗai. Tana ɗaukar hoton shigarta a waya kafin kowane sin ta rubuta lambarsa: kafaɗar da mayafi yake, ɗaurin ɗankwali, ɗan kunne, har launin lalle. Lalle yana ba da wahala ƙwarai, domin cikin mako guda ya koɗe, kuma in aka dawo cike gurbin wani sin bayan sati biyu sai hannu ya tona asiri. Haka kayan aro: an mayar wa mai su, ta tafi biki da su Haɗeja, ga darakta yana jira.

Sauti ma yana da nasa. Ƙaramin makirufo da ake maƙalawa a ƙarƙashin hijabi yana ɗaukar gogar yadi, awarwaro yana ƙara, takalmi mai tsini yana buga siminti. A lokeshan na ƙauye kuma ga injin niƙa, ga akuya, ga yara sun yi dafifi, dole a sake ɗauka sau da yawa ba don laifin kowa ba. Sabuwar shiga takan gaji a karo na huɗu, muryarta ta mutu, kuma sau da yawa wannan karon ne sautinsa ya fita tsaf aka zaɓa. Atamfa mai ƙananan layuka tana rawa a kyamara, farin yadi ƙal yana ƙona hoto a rana. Man zafin da wasu ke shafawa a ƙasan ido don hawaye ya zubo yana kumbura idon, ya ɓata sauran sin ɗin yinin. Waƙa kuwa ba ita ke rerawa ba, an riga an ɗauka a situdiyo da muryar mawaƙiya, nata shi ne ta haddace baitocin har leɓenta ya dace, tana kiyaye ƙa'idar da ta hana namiji da mace taɓa juna.

A nan 'yar karkara tana da jarin da ba ta san darajarsa ba. Ta iya daka, ta iya tankaɗe, ta iya ɗaukar tulu ba tare da ta yi kamar za ta faɗi ba, ta san yadda ake durƙusa wa suruka da yadda ake amsa kiran miji ba a ambaci sunansa ba. Hausarta tana da karin magana da habaici waɗanda 'yar birni sai an rubuta mata. Abin takaici, abu na farko da yawancinsu ke yi in sun shigo shi ne su kankare wannan, su koyi maganar hanci da cusa Turanci, su shiga shafe-shafen mai. Man bilicin mai ɗauke da sinadarin sitiroyid yana sirantar da fata, ya bar tabo baƙi a kumatu da gaɓoɓin yatsu, kuma kyamarar yau ba ta ɓoye komai a ɗaukar kusa. Farar fuska akwai ta da yawa a layi. Wadda za ta zauna a tsakar gida mai kallo ya yarda cewa a nan aka haife ta, ita ce ake nema a rasa.

Sallama

Kuɗin aiki a wannan masana'anta sallama ake kiransa, kuma kalmar ta faɗi gaskiyar abin: an ba ki, an sallame ki. Babu wani kaso da ke biyo baya in fim ya yi kasuwa. Sabuwar shiga takan fara da kuɗin mota kawai, wani lokacin ma ba ko shi, a ce ai ana haska ta ne. Masu ƙananan matsayi da iyaye ana biyan su gwargwadon yawan sin ɗin da suka fito. Manyan jarumai ne kaɗai ke yin ciniki a kan fim sukutum.

A farkon 2022 Ladin Cima, wadda ta fara wasan kwaikwayo tun zamanin diramar talabijin, ta shaida wa BBC Hausa cewa abin da ake ba ta yakan kasance naira dubu biyu zuwa dubu biyar. Maganar ta tayar da ƙura, wasu furodusoshi da daraktoci suka fito suka ce sun biya ta fiye da haka, kuma biyan ya danganta ne da yawan fitowar mutum. Ana iya gaskata ɓangarorin biyu a lokaci guda, kuma nan ne ciwon yake. Dubu biyar a sin biyu na awa uku ba zalunci ba ne a lissafin furodusa. Amma matar da ta ba sana'a shekaru masu yawa, aka kira ta sau uku a wata, ba za ta biya haya da shi ba, balle ta yi gini.

Shi ma furodusan ba a kan tudu yake ba. Kasuwar faifan CD ta rushe saboda satar fasaha da turin fim a waya. Wancan fim da aka zuba wa yarinya a rumfar caji, kuɗinta ya tsaya a hannun mai rumfa, ko naira ɗaya ba ta isa ga wanda ya shirya shi ba. Abin da ya farfaɗo da aiki shi ne zuwan tashar Arewa24 a 2014 da shirye-shiryenta masu dogon zango, sai kuma komawar furodusoshi YouTube, musamman daga 2020. Wannan ya canza rayuwar jaruma ta hanya biyu. Shiri mai dogon zango yana ba da aiki a jere, kuma yana sa a san mutum har a manta sunansa na yanka a riƙa kiransa da na shirin. Amma kuɗin YouTube daga talla yake zuwa, bayan an kalla, kuma kallon da aka yi daga Najeriya bai kai na Saudiyya ko Turai kawo kuɗi ba. Saboda haka furodusa yakan ba da rabi, ya ce ciko sai kuɗi sun shigo. Cikon nan ne ke maƙalewa. Haka kuma in aka tsayar da shiri, kamar yadda hukumar tacewa ta dakatar da fina-finai masu dogon zango 22 a watan Mayun 2025 kan batun gabatar da su don tacewa, wadda ake biya da sin ita ce ke fara jin yunwa, ko da yake ba ita ke da alhakin kai fim hukuma ba.

Ga kuma kuɗin da ke fita. A fina-finai da yawa jaruma ita ke zuwa da suturarta, masu kallo kuma suna lura in ta maimaita. A ce matsayinta yana buƙatar shiga takwas. Ko atamfa mai sauƙi ce, in aka haɗa kuɗin yadi, ɗinki, mayafi da takalmi sau takwas, ba wuya ya haɗiye sallamar duka. Ƙara kuɗin adaidaita sahu, data, da saƙon da ake jira a gida, domin tun ranar da aka gan ta a talabijin 'yan uwa sun ɗauka ta yi arziki. Da yawa masu tashe suna cikin bashin tela da dillaliya. Abin da ke riƙe waɗanda suka tsaya da ƙafarsu ba sallamar fim ba ce, tallan kayan 'yan kasuwa ne a Instagram da TikTok, da sayar da turare, atamfa ko kayan kwalliya, da gayyatar biki, da kuma hidimar 'yan siyasa a lokacin zaɓe, wadda ke kawo kuɗi da sauri ta kuma raba mutum da rabin masoyansa.

Takarda ɗaya tana rage wannan wahala. Ba sai lauya ya rubuta ba. A sa sunan shiri, yawan sin ko kashi, jimillar kuɗi, nawa za a bayar kafin a fara, ranar biyan ciko, wa zai kawo sutura, wa zai biya mota da masauki, nawa ne in aka kira ta sake ɗauka, da kuma ko an yarda a yanki hotonta a yi tallan wani kaya da shi. A sa hannu, shaida biyu su sa, kowa ya ɗauki hotonta a waya. Sabuwar shiga tana jin nauyin neman wannan, tana tsoron a ce ta cika ido. Aikin waliyyi na gaskiya ke nan, shi ya nema a madadinta.

Ladabtarwa ma ba ta faɗa wa maza da mata daidai. A watan Oktoban 2016 MOPPAN ta kori Rahama Sadau saboda fitowarta a wani bidiyon waƙa. Ita tana da suna da hanyoyin da ta ci gaba da aiki a wasu wurare. Yarinyar da ta fito daga ƙauye ba ta da wannan. Hoto ɗaya da ta ɗora ba tunani, ko wanda wata ƙawa ta fitar bayan sun ɓata, ya isa ya tsayar da aikinta, ya kuma bi ta har gida ya shafi auren ƙannenta.

Aure, da abin da ke bayansa

Al'adar masana'antar ita ce budurwa ko bazawara ke fitowa a matsayin jaruma, da ta yi aure sai ta bar gaban kyamara. Namiji yana aure ya ci gaba da fitowa saurayi har furfura ta fara, mace kuwa ranar ɗaurin aurenta ce ranar ajiye aikinta. Furodusoshin dogon zango sun san haka, shi ya sa ake ganin an canza fuska a tsakiyar shiri ko an kashe mutum a labari ba shiri. Ba muna cewa aure cikas ba ne. Mafi yawan 'yan matan nan shi suke fata, kuma sun cancanci zaman lafiya kamar kowace 'ya. Matsalar ita ce yadda ake shigarsa. Wani mijin tauraruwar da ya gani a talabijin ya aura, in ta zama matar gida ba kwalliyar lokeshan sai sha'awarsa ta kwanta. Danginsa kuma suna riƙe da kalmar 'yar fim suna jiran ranar saɓani. Ita ma ta saba da kuɗin hannunta da fita lokacin da ta so. In auren ya mutu ta dawo, sai ta tarar an cike gurbinta da wasu uku, jama'a kuma suna cewa dama ba sa zaman aure.

Abin da ya kamata a yi magana a kansa tun kafin a sa rana, a gaban waliyyai, shi ne wace sana'a za ta ci gaba da yi daga ɗakinta. Rubutun labari, shirya fim, ɗinkin kayan 'yan wasa, tace hoto a kwamfuta, kasuwancin da ta fara, duk ana yin su da aure. Waɗanda suka daɗe ana jin su su ne waɗanda suka tsallaka daga haya zuwa mallaka: Rahama Sadau da Nafisa Abdullahi sun kafa kamfanoninsu suna shirya fim, Hadiza Gabon ta buɗe shirin hira a YouTube, Balaraba Ramat Yakubu kuwa ta hanyar alƙalami ta shigo tun farko. Mai sha'awar karatun abin akwai sashen wasan kwaikwayo a Jami'ar Bayero da ta Ahmadu Bello, da makarantar koyon fim ta tarayya a Jos. Ko ba a je can ba, yarinyar da ta yi shekara biyu a lokeshan tana zaman jiran a kira ta, ta samu lokacin da za ta koyi kwantiniti ko kwalliya in ta matsa kusa da masu yi maimakon ta zauna tana danna waya. Waɗannan ayyuka ba sa tambayar shekaru.

Wadda ba ta yi wannan ba, in ta wuce shekarun budurci sai matsayin uwa, kishiya ko suruka, wato komawa biyan sin. Babu fansho, babu inshora. Sana'ar kuma ta hanya ce, yau Kano, gobe Kaduna, jibi Jos, kuma hanya ta ci mutane, cikinsu har da jaruma Hauwa Ali Dodo a farkon 2010. In ciwo ya kwantar da tsohuwar jaruma, abin da aka saba gani shi ne bidiyonta a gadon asibiti ana neman taimako. Jihohin Kano da Jigawa duk suna da hukumar taimakekeniyar lafiya da mai sana'ar kansa zai iya shiga, kuma abin da ya dace ƙungiyoyin 'yan fim su yi shi ne su shigar da mambobinsu a dunƙule, a riƙa cire wani abu kaɗan daga kowace sallama. Har a kai ga haka, ita jarumar ta yi wa kanta tun tana tashe, ta kuma mayar da kuɗin farko mai kauri da ta samu fili ko tumaki a garinsu, inda idon mahaifinta yake, kafin ta yi tunanin mota.

Akwai kadara guda da 'yar fim ta yau ta mallaka wadda na zamanin kaset ba su samu ba, wato shafinta. Mabiyan da ta tara a Instagram, TikTok ko YouTube su ne ke kawo talla, su ne kuma za su bi ta ko ta daina fitowa a fim. YouTube yana fara biyan mai tasha kuɗin talla ne in ya tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12, kuma kuɗin yana zuwa ne ga wanda sunansa da asusunsa ke jikin tashar. Kuskuren da 'yan karkara suka fi yi shi ne, saboda ba su saba da waya ba, sai wani yaron kamfani ko saurayi ya buɗe musu shafin da imel ɗinsa da lambarsa. Shekara uku tana tara jama'a, ranar da aka ɓata ya canza lambar sirri, kuma babu ƙungiya ko hukumar da za ta iya ƙwato mata cikin sauƙi, domin a wajen kamfanin shi ne mai shafin. Layin wayar ya zama an yi masa rajista da lambar NIN ɗinta, imel ɗin ita ta buɗe shi da wannan layin, asusun bankin da sunanta, lambar sirrin kuma a rubuta a takarda a ba mahaifiyarta ta ajiye a ƙasan adaka.